Wadda Ta Riga Turid Isowa

Bodil tana tsaye a gaban murhu, ta ba ƙofa baya, sa'ad da aka kankare takalmi a jikin ƙarfen bakin dakali. Aka ɗan ɗaga ƙofar kafin a tura ta, don ƙofar gidan ta kumbura tun zamanin mahaifinsu, baƙo sai ya yi dambe da ita kafin ya shiga. Sai aka yi tari, gajere, busasshe. Bodil ba ta waiwaya ba. Ta laluba ta ɗauko butar kofi, ta cika ta da ruwa, ta ɗora a wuta, ta ci gaba da tsayuwarta.

Mu a Skarvik ba wanda zai ga laifinta, haka ma duk mutanen tsibiran nan na arewacin Norway. Kowane mutum yana da ɗan-gaba, abin da tsofaffinmu ke kira vardøger. Kafin ya iso gida, motsinsa yakan riga shi: ka ji takunsa, ka ji ya buɗe ƙofa ya rataye riga, ka duba ba kowa, can an jima sai ga shi da kansa. Ba abin tsoro ba ne. Matan masunta da shi suke sanin lokacin ɗora tukunya. Doka ɗaya ce kawai, kuma kowace uwa ta koya wa ƴarta: ba a yi masa magana, ko sannu ba a ce masa. Wanda aka amsa wa ɗan-gabansa, shi ba ya isowa.

Abin da Bodil ba ta sani ba, don idanunta sun tafi sai dai ta bambance taga da bango, shi ne wannan karon ba motsi ba ne. Ƙanwarta Turid ce da kanta tsaye a bakin ƙofa, tana haki, bayan shekara arba'in da wani abu.

Wanda ke karanta jarida ya san Turid Skarvik. Mu mun san ta tun tana ƴar laɓe, don sunan da muka sa mata ke nan a makaranta. Duk inda manya biyu suka rage murya, in ka buɗe ƙofa da sauri sai ka buge mata goshi. Tana budurwa ta bi jirgin gaɓa zuwa Bergen, ta samu aiki a wani gidan wasan kwaikwayo, tana zama a wani ɗan rami gaban dandamali tana raɗa wa ƴan wasa abin da suka manta. Daga raɗa maganar wasu ta koma rubuta tata. Littafin gajerun labarai ya fito, wasu littattafan suka biyo, sannan wasanni, sannan Oslo, lambobin yabo, da fassara cikin harsunan da ba mu san ana yi ba. Mukan gan ta a talabijin da taba a hannu tana cewa ita ba ta taɓa ƙirƙirar jimla ko ɗaya ba, tsinta take yi. Mutanen birni su yi tafi. Mu kuwa mun san a bayan ƙofar wa take tsintar.

Bodil ita ce ta zauna. Ta auri Edvin, mai ƙaramin jirgin kamun kifi, mutumin da in ya sha hannunsa ya fi bakinsa saurin magana. Kowa ya sani, kowa kuma ya ga ya fi masa sauƙi ya kalli teku. Wata rana a tsakiyar hunturu, Edvin yana kan ruwa, Bodil ta ji ɗan-gabansa ya buga ƙafa a dakali yana kakkaɓe dusar ƙanƙara. Ta juya ta fuskanci ƙofar, ta ce, "Kada ka iso." Iska ta taso kafin la'asar. Ba a ga ko filafilin jirgin ba.

Mutum ɗaya ta faɗa wa, mahaifiyarsu, a cikin wannan kicin ɗin, bayan masu ta'aziyya sun watse. Turid ta zo ta'aziyya ita ma, kuma tana inda ta saba tsayawa.

Ba a daɗe ba wasan ya fito, mai suna Ruwa a Wuta, shi ne kuma ya ɗaga ta sama. Ta sauya sunaye, ta sauya gari, amma ta bar ƙofar da sai an ɗaga, ta bar maganar nan kalma bayan kalma. Wata Lahadi da rana aka sa shi a rediyo, aka saurara a kowane kicin na garin nan. Uwar Edvin ta tofa yawu a gaban Bodil a ƙofar coci. Shekaru da dama, in Bodil ta zauna a benci sai a ga mutane sun tuna suna da wani uzuri a can gefe. Abin haushin shi ne wasan ya yi kyau ƙwarai, har yau yara suna karanta shi a makaranta.

Tun daga ranar Bodil ba ta sake ce wa ƙanwarta uffan ba. Yanzu kuma likitocin Oslo sun duba huhun Turid sun ce da wuya ta ga bazara. Ba ta da miji, ba ta da ɗa, abokan zamaninta yawanci suna ƙarƙashin ƙasa. Abu ɗaya take so: ɗakin sama na gidan ubansu, mai taga da ke kallon mashigin ruwa, ta mutu a cikinsa, da wani nata a kusa. Amsar kuwa a bakin Bodil take.

Arnfinn ne ya ɗauko ta daga jirgin fito a ranar. Ajinsu ɗaya da ita, shi ke da tasi ɗaya tilo ta garin, bakinsa kuma ko a jana'iza ba ya hutawa. Duk abin da na sani na wannan yini daga gare shi ne, da abin da ita ta faɗa masa.

"A'a! Wa nake gani kamar ƴar laɓe?" in ji shi. "Ashe talabijin ƙara wa mutum jiki yake yi. Ke ce kika koma haka kamar busasshen kifi?"

"Kai kuma na ga ka cinye rabona. Ɗauki akwatin, sarkin surutu."

"Bodil ta san da zuwanki?"

"In na buga waya, tana jin muryata take ajiyewa."

"To me za ki ce mata?"

"Na shirya."

"Gwada a kaina mana. Ban taɓa shiga gidan wasa ba, ga shi yau wasa ya shigo motata."

Ta kuwa gwada. Ta ce abin da ya faru da mutum ɗaya ba nasa ba ne shi kaɗai. Ta ce mata sun sha tare ta a titi suna kuka, suna cewa wasan nan ne ya ba su ƙarfin barin gidan duka. Ta ce marubuci bawan gaskiya ne. Maganar ta tsaru, har da wuraren shan iska.

Arnfinn ya gyaɗa kai. "Ya yi daɗi. Ina wurin ban haƙurin? Ko na yi gyangyaɗi ya wuce?"

"Ban yi mata ƙarya ko ɗaya ba."

"Ai shi ya sa."

Turid ta kau da kai wajen taga. A gindin tudu hanyar mota ta ƙare. Ta ce ya jira da akwatin har ta ji amsa, ta hau ita kaɗai, tana tafiya tana tsayawa. Ta kankare takalmi, ta ɗaga ƙofa kamar yadda hannunta ya saba tun ƙuruciya, tari ya ƙwace mata. Shi ne ta tsaya a bakin ƙofa tana jira numfashi ya dawo ta yi magana.

Kafin numfashin ya dawo, ta ga yayarta ta ɗora ruwa ba tare da ta waiwaya ba, ta kuwa gane. Ita ce fa ta rubuta wasa sukutum a kan wannan al'ada.

"Ka ji ta ko, Mons?" in ji Bodil. Da muzurunta take, wani ƙato mai ruwan toka da ke kwance a kan kujera. "Ta sake zuwa. Duk kaka sai ta zo ta kankare min takalmi, ta sa ni ɓarnar kofi, sannan ta fasa."

Gaskiya ne, duk kaka Turid takan haɗa kaya, wani lokacin har ta sayi tikiti, sannan ta sami dalili. Ba ta taɓa faɗa wa kowa ba.

"Amma yau saurari numfashin nan," Bodil ta ci gaba, tana laluben kofuna. "Ba lafiya. Tabar nan ta gama da ita, ita da taurin kai. Tun tana ƙarama ƙirjinta ba shi da ƙarfi, ni nake goya ta mu hau tudun nan." Ta ajiye kofi biyu a tebur, ta yanko cuku, ta jera biredi. "In ta iso yau, na san abin da zan ce mata. Na daɗe da shirya shi."

Nan ne duk mai hankali zai buɗe baki. Turid kuwa sai ta haɗiye tarinta, ta manne da jikin ƙofa, ta kasa kunne. Wannan wurin yana ba ni haushi duk sanda na tuna. Mace da ƙafa ɗaya a kabari, ga yayarta nan da za ta miƙa hannu ta taɓa, amma sai ta zaɓi ta ji amsar ta bayan fage tukuna, don ta san da wace fuska za ta shiga. Muzurun ya buɗe ido ya dube ta, ya mayar ya rufe. Ruwa ya fara kuka a buta. Bodil ta goge tebur, ta gyara kujera, ba ta ƙara cewa komai ba.

Da Turid ta ga ba za ta samu a ɓagas ba, sai ta ce, "Bodil. Ni ce. Ni ce da kaina."

Cokali ya faɗi daga hannun tsohuwar. Ta dafa tebur.

"Mons, kai ne shaidata," ta ce. "Ban amsa ba. Da kai nake magana."

"Bodil, don Allah, juyo. Ga hannuna."

Turid ta matso. Bodil ta ja da baya har kwankwasonta ya taɓa murhu, fuskarta ta yi fari fat, hannu ɗaya a ƙirji. Ta daɗe da ciwon zuciya, kowa ya sani, Turid ma ta gani a leɓɓanta. Taku ɗaya ya rage ta taɓa ta, amma ta ji tsoron abin da taɓawar za ta yi.

"Har magana ta koya," Bodil ta raɗa wa muzurun. "So take ta ja bakina. Sau ɗaya na yi, ba zan ƙara ba. Wannan ina so ta iso." Ta sa tafin hannu ta toshe bakinta da kanta, ta runtse idon da ba ya gani.

Turid ta tsaya tana kallon ta, hawaye na zuba. Ta zo da shirin a zage ta, ko a kore ta, ko a yi mata shirun ƙiyayya. Ba ta zo da shirin irin wannan shirun ba. Ta ja da baya a hankali, ta fita, ta ja ƙofar.

Da ta sauko ta ba shi labari, Arnfinn ya yi dariya har ya kifa kai a sitiyari.

"Ke da ake tashi tsaye ana yi wa tafi a Oslo, a gidanku an mai da ke motsi! Kai, wannan sai na ba da labari a shago."

"Ba da. Yanzu dai ɗauko akwatin."

"Ta amince?"

"Ta ce tana so in iso." Ta share fuska da bayan hannu. "A wurin gwajin wasa, in shigowa ta ɓaci, fita ake yi a sake shigowa. Ta ji ƴar-gaba, ta ɗora ruwa. Yanzu sai in iso, kamar kowa."

"Da jawabin nan naki?"

"Da shi na zo."

Suka kama hawa, shi da akwati a gaba, ita a baya. Ranar kaka ce, hantsi ya wuce, rana ƙasa-ƙasa irin ta ƙasar nan tana haska komai tas. Teku kwance lumui. Itatuwan shanyar kifi tsaye fayau ba kifi ko ɗaya. Arnfinn ya ce abin da ya lura da shi daga baya shi ne tsuntsayen teku, waɗanda ba sa rufe baki a garin nan, sun yi tsit. Hawa na biyu ya fi ƙarfin Turid. A bakin katangar gonar dankali, inda ake hango ƙofar gidan da tagar kicin sarai, ta zauna a kan dutse tana neman iska.

Daga nan suka ji an kankare takalmi a jikin ƙarfe.

Ba kowa a dakalin. Suka ji an ɗaga ƙofa an tura, ƙarar da kowa a garin nan ya sani, alhali ga ƙofar a rufe suna kallon ta. Sai tari, gajere, busasshe.

"To, ga taki nan ta gaske," in ji Arnfinn, yana murmushi. "Ta riga ki, kamar yadda..."

Bai ƙarasa ba. Su biyun sun manta da abu mafi sauƙi. Turid tana da ƴar-gaba kamar kowa, kuma yanzu da take tahowa da zuciya ɗaya, dole ta riga ta. Bodil kuwa a lissafinta ta riga ta ji motsi, ta yi shiru yadda ya kamata. Wadda ta shigo ta biyu, a wurinta, ita ce Turid.

Turid ta yunƙura za ta yi ihu kada ta amsa. Tari ya sarƙe ta, ya naɗe ta biyu a kan dutsen. Kafin ya sake ta, muryar Bodil ta fito ta bangon katako, da ƙarfi, ba rawa a cikinta:

"Kin iso! Shigo, shigo, rufe ƙofar, akwai sanyi."

Abin da ya biyo baya ba su ji ba, gani suka yi ta taga. Bodil tsaye a tsakar kicin tana magana, ta daɗe tana yi, tana nuni da yatsa. Sai ta yi shiru, ta karkata kai kamar mai sauraro. Sauraron ya fi maganar daɗewa. Can suka ga ta sunkuyar da fuska, ta miƙa hannu ƙasa, ta ɗora shi a kan iska daidai inda kan mutum zai kai in ya durƙusa, tana shafawa. Sannan ta yi dariya. Arnfinn ya ce rabonsa da jin dariyar Bodil tun kafin aurenta, kuma da ya ji ta tsigar jikinsa ta tashi. Daga nan ta nufi matakala a hankali, hannunta a lanƙwashe kamar wani ya rataya a jikinsa.

Sai da ya kusa ɗaukar Turid kafin suka kai dakali. Shi ya buɗe ƙofar. Suka tarar Bodil tana saukowa, tana dafa bango, fuskarta a sake. Kofuna biyun nan suna kan tebur, an sha duka.

"Arnfinn ne? Na san takunka, kamar an saki saniya. Ajiye akwatin a hankali, ta kwanta. Tafiyar ta gajiyar da ita."

"Bodil," ya ce. "Ga Turid nan kusa da ni."

"Kai dai tun kana yaro ba ka san lokacin wasa ba."

"Na rantse miki. Ni na ɗauko ta daga jirgi."

"Na sani mana, ta faɗa min. Ta ce ka ce ta koma busasshen kifi. Ba ka da kunya."

Arnfinn ya ajiye akwatin.

Turid ta matsa gaba. "Yaya," ta ce. Rabon da ta kira ta haka tun suna kwana gado ɗaya. "Yaya, ni ce."

Bodil ba ta firgita ba wannan karon. Ko gezau ba ta yi ba, kamar ba a yi magana ba. Turid ta kama hannunta da hannu biyu. Sai tsohuwar ta ɗan yamutsa fuska, ta shafa yatsun, ta sake su cikin ladabi.

"Hannun wa ne wannan, sanyi ƙalau? Da baƙuwa ka zo? Ƴar jarida ce ko? Sun fara bin ta ke nan." Ta juya wajen da take zaton fuskar baƙuwar take. "Baiwar Allah, ki yi haƙuri, ba ta ganin kowa. Jinya ta zo yi. In abin rubutawa kike nema, rubuta cewa Turid Skarvik ta durƙusa a nan, a kan wannan daɓen, ta ce ta cuce ni. Ba ta kawo dalili ko ɗaya ba. Na zata za ta zo min da jawabi irin na talabijin, na shirya mata wankin babban bargo. Sai ta ce, Yaya, na saci abin da ba nawa ba, na sayar, na ci, ki yafe min. To me zan ce? Ƙanwata ce."

A sama, gado ya yi ƙara, irin ta wanda ya juya ya gyara kwanciya. Aka yi tari. Muzurun ya sauko daga kujera, ya miƙe, ya wuce ta gaban ƙafafun Turid bai ko shinshina ta ba, ya hau matakala.

"Kun ji ko? Kun tashe ta," in ji Bodil.

Arnfinn ya ja Turid gefe. "Hau ki duba," ya raɗa mata. "Ɗakinki ne. Hau, ina bayanki. To, ina nan ƙasa dai, amma ina jin ki."

Ta ɗaga kai ta dubi matakalar. Tsoro ya kama ta, ta faɗa masa haka daga baya ba ɓoye-ɓoye: tsoron ta tarar ba kowa, da tsoron ta tarar da wani. Amma ta ce ba tsoron ne ya hana ta ba. Bodil ce, da ta koma gaban murhu tana ƴar waƙa a maƙoshi, tana lissafa wa kanta abin da marar lafiya zai iya ci, ko miyar kifi, ko kunun alkama.

"Na ba ƴan wasa da yawa matsayi na ƙwace," Turid ta ce a hankali. "In wata ta fi ki iya wurin, ba a gardama. Ni ko yanzu ka ce in faɗi abin da ta faɗa, sai na ƙara masa kalmar amma."

"To ƙara mana! Ki faɗa da amman, ya fi babu."

"Ba ta ji na, Arnfinn."

Ta juya za ta fita. Ya sunkuya zai ɗauki akwatin.

"Bar shi," ta ce. "Kayanta ne."

A mota ba wanda ya yi magana har bakin ruwa, kuma wannan kaɗai ya isa ya shiga tarihin garin nan. Da jirgin fito ya matso, ya tambaye ta ko ya kira fasto, ko likita, ko wani. Ta ce a'a. Ta ce ya riƙa kai wa Bodil itace da cefane, kada kuma ya sake yi mata gardama. Ta shiga jirgi da jakar hannu kawai.

Hunturu ya shigo, rana ta tafi hutunta, don a nan akan yi makonni ba ta fito ba. Arnfinn yana hawa da cefane, kuma cefanen na mutum biyu ne. Bodil ta yi ƙiba kaɗan. Ta koma zuwa coci, tana gaisawa da mutane, tana cewa mai jiki ta gode da tambaya, alhali ba wanda ya tambaya. Ma'aikaciyar jinya da ke zagaya tsofaffi ta taɓa hawa ɗakin sama da sunan gyara labule. Ta ce ba kowa, sai akwati a buɗe, kaya a jere cikin kabad, muzuru kwance a ƙarshen gado. Ta ce ɗakin da ɗumi. Ba ta sake hawa ba, mu ma ba mu matsa mata da tambaya ba.

Daga Oslo labari yake zuwa jefi-jefi. An kwantar da Turid a wani asibiti. Wata jarida ta ce ta daina rubutu, ta daina karɓar baƙi, yini take tana kallon bango, amma ma'aikata suna mamakin yadda ba ta neman maganin ciwo.

Bayan rana ta dawo da ƴan kwanaki, aka bugo wa fastonmu waya daga asibitin, don Bodil ba ta ɗauka. Faston wata yarinya ce ƴar kudancin ƙasar, mai kirki, ba ta daɗe da zuwa ba. Matar da ta bugo ta yi ta ba da haƙuri. Ta ce jiya da hantsi abin ya faru, ba kowa a ɗakin, aiki ya yi musu yawa. Ta ce abu ɗaya ne ya ɗaure musu kai: sun tarar an rufe mata ido, an haɗa mata hannuwa a ƙirji, an buɗe taga, kuma duk ma'aikatan sun ce ba su ba ne.

Fasto ta hau tudun a safiyar ranar, tana ta juya yadda za ta fara. Ta tarar da Bodil zaune a kicin cikin baƙar riga, ta gyara gashi, kofi na jira a tebur.

"Bodil, na zo miki da..."

"Zauna, ƴata, kin sha hawa. Na sani." Ta laluba ta tura mata kofin. "Jiya da hantsi ta cika, hannunta cikin nawa. Ba ta sha wuya ba. Ni na rufe mata ido, na buɗe mata taga yadda Mama ta koya mana. Da ma ke nake jira." Ta ɗaga fuska wajen matakala. "Za ki hau ki gan ta? Ta yi kyau."

Fasto ta riƙe kofin da hannu biyu. Ta ce bari ta shanye tukuna.